Amsoshin Tambayoyinku: Su wane ne Korpokkur?

TAMBAYA: Wani mai sauraronmu daga Maraɗi ya ce ya kalli gajeren fim ɗin zane, wato katun, na wasu 'yan mitsi-mitsin mutane masu ɓuya a ƙarƙashin ganye. Shin masu fim ne suka ƙago su, ko kuwa an taɓa yin su?

AMSA: Waɗannan su ake kira Korpokkur, kuma labarinsu ya girmi fim nesa ba kusa ba. Tatsuniya ce ta ƙabilar Ainu, mutanen asali na tsibirin Hokkaido da ke arewacin Japan. Ma'anar sunan ita ce mutanen ƙarƙashin ganyen wani tsiro mai faɗi, kamar na gwaza, wanda a can yakan fi mutum tsawo.

Ainu sun ce waɗannan wadanni a ramuka suke zaune, kuma ba sa yarda a gan su. Da dare sukan miƙo wa maƙwabtansu kifi da nama, su ɓace. Ran nan wani saurayi mai son ganin ƙwaƙwaf ya yi kwanto, ya cafke hannun da ya miƙo kyautar, ya jawo. Sai ga kyakkyawar mace. Danginta suka fusata, suka yi ƙaura, ba a sake jin ɗuriyarsu ba. Ka ga garin neman gira an rasa ido ke nan.

A 1887 wani masani, Tsuboi Shogoro, ya ce lalle an yi su, wai su ne masu tsofaffin ramuka da kayan aikin dutse da ake tonowa. Koganei Yoshikiyo ya ja da shi, ya ce na kakannin Ainu ne. Bayan rasuwar Tsuboi a 1913 aka watsar da ra'ayinsa.

Abin damuwa, malam, shi ne harshen da ya goyo tatsuniyar. Bayan da Japan ta haɗe Hokkaido a 1869, aka tilasta wa Ainu harshen Japananci, har a 2009 UNESCO ta sa nasu cikin masu dab da ɓacewa. Sai a 2019 doka ta amince su ne 'yan asali, aka kuma buɗe musu gidan tarihi na Upopoy a 2020.