Sunanka a jikin lambar mota: lissafin da ya kamata ka yi kafin ka biya

A titunan Kano, Kaduna da Abuja ba ka rasa ganin mota da aka rubuta wa suna ko sarauta a gurbin lamba. Wani ya sa laƙabinsa, wani sunan kamfaninsa, wani kuma sunan amarya ya sa aka buga a motar da ya saya mata. Abin yana da ban sha'awa, kuma doka ba ta hana ba muddin an bi hanyar da ta dace. Sai dai idan kai ma ka fara raya hakan a ranka, ko ke uwargida kina zuga maigida ya yi, ku sani kuɗin da za a karɓa ranar farko somin-taɓi ne.

Mu fara da farashin hukuma. Hukumar haɗin gwiwa kan haraji, wato JTB, ita ce ta sanar da sabon farashin lambobin mota da ya fara aiki ranar 8 ga Yunin 2025. Lambar motar gida ta gama-gari ta koma naira 30,000, lamba ta musamman kuwa naira 400,000. Kafin nan, tun 2021, naira 18,750 ne da naira 200,000. Ka ga ke nan cikin shekara huɗu kuɗin lamba ta musamman ya ninka. Idan ka auna da mafi ƙarancin albashi na naira 70,000, lambar ta cinye albashin kusan wata shida. Bambancin da ke tsakanin lambobin biyu kaɗai, naira 370,000, ya isa ya rage wa gida nauyin kuɗin makaranta ko na haya.

A wasu ƙasashe abin ya wuce nan nesa. A Dubai, cikin Afrilun 2023, an yi gwanjon lamba mai ɗauke da P7 a kan dirhami miliyan 55, aka zuba kuɗin a aikin jinƙai. Can kasuwa ce mai zaman kanta, ana saya ana sayarwa. A nan gida kuwa, lamba mai sunanka kai kaɗai take wa daraja. Ranar da ka tashi sayar da motar, mai saye ba zai ƙara ko sisi saboda ita ba, hasali ma zai so a cire ta.

Bayan kuɗin lambar akwai na rajista a ofishin harajin jiharka, kuma kowace jiha da nata ƙarin. Daga nan sai hidimar da ke dawowa duk shekara, wadda lamba mai tsada ba ta ɗauke maka ko ɗaya daga ciki: sabunta lasisin mota, takardar lafiyar mota daga jami'an VIO, da inshora. Inshorar da doka ta wajabta wa motar gida, wadda ke biyan wanda ka yi wa ɓarna, ta tashi daga naira 5,000 zuwa naira 15,000 tun Janairun 2023. Idan lambar ta ɓace ko ta lalace, wata sabuwar zirga-zirga ce da wani sabon kashe kuɗi.

Tsadar nan ce ke tura wasu zuwa hanyar ɓarauniya. Ɗan kamasho zai ce maka zai yi maka a rabin kuɗi, ko kuma a je wurin mai zanen allo ya buga sarauta a jikin ƙarfe a manna. Wannan ba lamba ba ce a idon doka. Hukumar kiyaye haɗurra ta ƙasa, FRSC, tana da rumbun bayanai da ake kira NVIS, inda ake shigar da kowace lamba ta gaskiya tare da bayanan mai ita, kuma kana iya duba taka a shafinsu na intanet. Lambar da ba ta cikin rumbun jabu ce, ana iya kama motar a kanta. Araha ba ta ado.

Haɗarin jabun lamba bai tsaya ga tara ba. Duk wanda ya yi aiki a sashen gaggawa na asibiti ya san yadda ake kawo wanda ya yi hatsari a sume, waya ta fashe ko ta yi ɓatan dabo, babu katin shaida a aljihu. A irin wannan hali lambar motar tana cikin abubuwan da jami'ai ke bi su gano ko wane ne, a nemo iyalinsa. Idan laƙabi ne kawai aka buga a bakin titi, wannan ƙofar ta rufe. Haka ma idan an sace motar.

Sai kuma farashin da ba a rubuta shi a rasit. Lamba ta gama-gari ba kowa ke iya riƙe ta a ka ba, amma suna gani ɗaya ake yi masa. Duk inda motar ta tsaya, an san kana nan: masallacin da kake salla, makarantar da ake kai yaranka, lokacin da uwargida ke fita kasuwa. A wannan zamani na garkuwa da mutane a hanyoyinmu na Arewa, ka tambayi kanka ko kana son baƙon ido ya haddace zirga-zirgar iyalinka. Ka kuma tuna ba kai kaɗai ke tuƙa motar ba. Idan direba ko ɗanka ya yi ganganci a titi, sunanka za a ɗauka a hoto a yaɗa a Facebook.

Idan duk da haka ka ga kana da hali kuma ranka na so, to ka je ofishin hukuma da ƙafarka, ka biya ta banki, ka karɓi rasit, sannan ka tabbatar lambar ta shiga NVIS kafin ka ɗaura ta. Ka zaɓi haruffan da ba su bayyana cikakken sunanka ko na matarka ba. Kafin komai kuma ku zauna da uwargida ku yi shawara, domin ita da yara ne za su fi yawan zama a cikin motar.