Mutanen Telugu

A kudu maso gabashin ƙasar Indiya akwai wata al'umma da ake kira Telugu. Masu jin harshensu sun fi mutum miliyan 80. Manyan koguna biyu, Godabari da Kirishna, sun ratsa ƙasarsu suka faɗa teku. Don haka ƙasar tana da fadama mai kyau. Suna noman shinkafa da auduga da taba, da barkono mai zafin gaske.

Suna da nasu rubutu, ba boko ba ne, ba kuwa ajami ba. Baƙaƙensu kewayayyu ne, kamar an jera ƙananan zobba. Ga dalilin da masana ke bayarwa. A zamanin da, ba su da takarda, a kan ganyen wata irin giginya suke rubutu. Sai a busar da ganyen, a sa tsinken ƙarfe a zana baƙaƙe, sa'an nan a shafa baƙin toka don rubutun ya fito. To, wanda ya taɓa tsaga kaba ya sani, in aka ja tsinke a miƙe sai ganye ya tsage. Shi ya sa hannunsu ya saba da lanƙwasa. Mawaƙinsu Nannaya ya yi rubutu da harshen nan kusan shekara 1,000 da suka wuce.

Mutanen nan ba sa wasa da harshensu. Bayan Indiya ta sami mulkin kai a 1947, da yawansu suna cikin jihar Madaras tare da Tamilawa. Suka nemi tasu jiha, aka yi ta jan ƙafa. Sai wani mutum, Potti Sriramulu, ya ƙi cin abinci har kwana 58, ya mutu a watan Disamba na 1952. Gari ya rikice. A 1953 gwamnati ta ba su jihar Andhra. A 2014 kuma aka raba ƙasarsu biyu, Andhra Pradesh da Telangana.

Sun bazu a duniya ƙwarai. A zamanin mulkin Ingilishi an kwashi talakawansu a jirgin ruwa zuwa gonakin rake na Morishus da Fiji, da Natal ta Afirka ta Kudu tun daga 1860. Aikin ƙodago ne na shekara 5, amma wahalarsa ta yi kusa da bauta, kuma da yawa ba su koma gida ba. Jikokinsu suna can har yau. Na yanzu kuwa ilmi ne ke kai su Amurka, su yi aikin likita da na kwamfuta.