3, 3, 8, 8: Sharaɗin Da Ba Wanda Ya Gindaya

A cikin wasannin lissafi da ake saukewa a waya akwai wanda ake kira 24. Dokarsa gajera ce: a ba ka lambobi huɗu, ka yi aiki da kowace sau ɗaya tak, ta hanyar tarawa, ɗebewa, ninkawa ko rabawa, har ka fitar da 24. Da katin karta aka fara yinsa, kuma ya daɗe da shahara a ƙasar Sin kafin Robert Sun ya buga katunansa na musamman a Amurka a 1988. Matakan farko ba su da wuya, domin 24 lamba ce mai ƙofofi da yawa: 3 sau 8, 4 sau 6, 2 sau 12. Ana cikin tafiya sumul sai allo ya kawo 3, 3, 8, 8, mai wasa ya cije. Ya kan ɗauka ƙwaƙwalwarsa ce ta gaji, ko kuma an yi kuskure wajen tsara matakin. Ko ɗaya ba haka ba ne. Abin da ya tsare shi wani sharaɗi ne da ya ɗora wa kansa ba tare da ya sani ba, wato lallai kowace amsa da zai samu a tsakiyar hanya ta zama cikakkiyar lamba.

Tarkon yana da daɗin faɗawa. Ido na sauka a kan 3 da 8 sai ya ga 24 a fili, saura kawai a rabu da sauran 3 da 8 ɗin. In da za su ba da 1 sai a ninka, in da za su ba da sifili sai a tara, amma abin da suke bayarwa 5 ne, ko 11, ko wata 24 ɗin. Ashirin da huɗu biyu kuwa 48 suke haifarwa, ko 1, ko sifili. Mafitar tana wajen wanda ya fara daga ƙarshe ya dawo baya, ya tambayi kansa: da me zan raba 8 in sami 24? Amsar ita ce sulusi. Mai mudu takwas na gero, in ya ce kowa sulusin mudu zai samu, mutum 24 zai sallama. Saura a fitar da sulusi daga 3, 3 da 8. A raba 8 gida uku, a sami biyu da sulusi biyu, a ɗebe shi daga 3, sulusi ɗaya ya rage. A rubuce: 8 ÷ (3 − 8 ÷ 3) = 24. Irinsa ne 1, 5, 5, 5, inda ake ɗebe humusi daga 5 sannan a ninka abin da ya rage sau 5.

Alƙaluman wasan da kansu suna nuna dalilin makantar. In aka ɗauki lambobi daga 1 zuwa 13 kamar yadda suke a karta, akwai haɗi 1,820 na lambobi huɗu, kuma 1,362 daga ciki suna da mafita. A cikin waɗannan, 16 ne kacal ba sa warwaruwa sai an bi ta guntun lamba. Ke nan mai wasa zai iya haye ɗaruruwan matakai da cikakkun lambobi zalla, kowace nasara tana ƙara tabbatar masa da dokar da ba ta wanzu ba. Masana halayyar ɗan Adam sun daɗe da sanin wannan. A 1942 Abraham Luchins ya wallafa gwajinsa na tulunan ruwa: a ba mutum tulu uku masu cin 21, 127 da 3, a ce ya auno 100. Sai ya cika babban, ya zuba na 21 sau ɗaya, na 3 sau biyu. Bayan an jera masa tambayoyi masu warwaruwa ta wannan hanya, sai a kawo 28, 76 da 3, a nemi 25. Amsar ita ce a ɗebe 3 daga 28, amma da yawa daga waɗanda suka saba da doguwar hanya sun kasa ganinta, alhali waɗanda ba a horar da su ba sun gano ta nan take. Gogewa ce ta rufe musu ido, kuma ita ce ke tsare gwanin wasan 24.

Wani zai ce duk wannan dogon Turanci ne, tun da kwamfuta za ta gama aikin kafin ƙiftawar ido. Gaskiya ne: jera lambobi huɗu ta hanya 24, zaɓen alamomi uku ta hanya 64, da sanya baka ta hanya 5, duka lissafi 7,680 ne, ba komai ba ne a wurin na'ura. Sai dai ko mai rubuta manhajar ya kan faɗa wannan rami. In ya sa kwamfutar ta riƙa yar da ragowar rabawa, za ta ce 3, 3, 8, 8 ba shi da mafita. In ya bar ta da lambobi masu ɗigo, 8 ÷ 3 ba ya ƙarewa, amsar ta kan fito da ɗan bambanci kaɗan da 24, manhajar ta ƙi karɓa. Saurin gwaji bai amfanar da wanda ya riga ya kulle ƙofar da amsar ke ciki ba.

Ƙorafi na biyu ya fi nauyi: shin wasan yana ƙara basira? Bai kamata a yi masa kirarin da bai kai ba. A 2010 Adrian Owen da abokan aikinsa sun gwada mutum 11,430 na tsawon mako shida, suka tarar sun ƙware a wasannin da suka yi ta yi, amma ƙwarewar ba ta tsallaka zuwa wasu ayyukan tunani ba. A 2016 hukumar kula da kasuwanci ta Amurka ta sa kamfanin da ke da manhajar wasannin ƙwaƙwalwa ta Lumosity ya biya dala miliyan 2 saboda tallan da ya wuce hujjarsa. Ribar matakin 3, 3, 8, 8 ƙarama ce, amma takamaimai ce: yana rushe zaton da yara da manya ke ɗauke da shi cewa rabawa kullum rage lamba take yi. Kuma ba ƙaramin gurbi ba ne, domin binciken Robert Siegler da abokansa na 2012 a kan ɗaliban Amurka da Birtaniya ya nuna cewa fahimtar guntayen lambobi a firamare tana hasashen ƙoƙarin yaro a aljabara a sakandare. Malamin da ke rabon gado, wanda kullum yake juya sulusi da sudusi da sumuni, da wuya wannan mataki ya daɗe yana ba shi wahala.

Shi ya sa maɓallin taimako, wanda a manhajoji da dama sai an kalli talla yake buɗewa, ciniki ne na asara a nan. Zai nuna maka jerin alamomin, ka kwafa, ka wuce, amma sharaɗin da ka gindaya wa kanka yana nan daram, kuma 3, 3, 7, 7 da 4, 4, 7, 7 suna jira a gaba. Dukansu sai an bi ta subu'i.