Fitilar kashe ƙwari: tana ci ba ya nufin tana aiki



Satin da ya wuce wani bawan Allah mai leyas a hanyar Kusada ya kira ni, wai fitilar kashe ƙwarin da ya sayo a Kano bara ta zama kwalliya kawai, ƙudaje na ta shawagi a ɗakin kaji, ita kuwa shiru kake ji. Da na je na duba, wallahi ƙarafunan cikinta ba ka ma ganinsu. Ƙurar hunturu, garin abinci, gashin kaji da gawar ƙwari duk sun daskare a kai. Tun ranar da ya rataye ta bai taɓa sauke ta ba.

Aikinta kashi biyu ne. Ƙwan nan mai shuɗin haske shi ke jawo ƙwaro, ragar ƙarfen da ke kewaye da shi kuma, wadda ke ɗauke da wuta mai ƙarfin bolt 2,000 ko sama da haka, ita ke kashewa. Datti ya toshe ragar, wutar ba za ta kama ƙwaron yadda ya kamata ba. Wani lokacin ma dattin ne ke haɗa ƙarafunan, ka ji tana ta tartsatsi ba gaira ba dalili. A ɗakin da aka shimfiɗa dusar katako ko ɓuntun shinkafa, wannan ba abin wasa ba ne.

Kafin ka taɓa ta, zare ta daga soket. Kashe makunni kaɗai bai isa ba. Kuma ko ka zare, tana riƙe ragowar wuta a ciki, don haka ka samu sukundireba mai mariƙin roba ka haɗa ƙarafuna biyu na ragar. Za ka ji "ƙas!" Sannan ka sa hannu. Ni ta taɓa fizgata sau ɗaya, ban ƙara mantawa ba. Sai ka bi ragar da busasshen buroshi, tsohon buroshin goge baki ma ya wadatar. Kada ka watsa mata ruwa ko fiya-fiya. Ƙwan a goge da ƙyalle, farantin ƙasa a zare a wanke, ya bushe ƙayau kafin a mayar. Da damina, musamman watan Agusta da ƙuda ke yawa a nan Kankia, sau biyu a sati. Da rani sau ɗaya, saboda ƙura.

Inda mutane suka fi yin asara shi ne ƙwan. Hasken da ke jawo ƙwaro idonmu ba ya ganinsa, kuma yana raguwa tun ƙwan yana ci. Bayan kamar shekara guda ana kunna shi kullum, canza shi kawai, kuma gara a yi haka kafin ruwan farko ya sauka.

Kada a rataye ta saman mazubin abinci ko na ruwa. In ta fasa ƙuda, ɓurɓushinsa watsuwa yake yi, kuma ƙuda na ɗauko tsutsar ciki zuwa ga kaji. Sannan kada ka yaudari kanka kan sauro: numfashi da ɗumin jiki yake bi, hasken bai dame shi sosai ba. Shi sai raga a taga da kawar da kwantaccen ruwa. Ƙudan ma, muddin kashin kaji na jiƙe a ƙarƙashin keji, fitila goma ba za su ƙarar da shi ba.

Masu tarwaɗa, abin da ya taru a farantin nan, musamman daren da shinge ya fito, kifi na so sosai. Amma in an yi feshin magani a wajen kwanan nan, a binne shi kawai.

Mutuminmu na hanyar Kusada mun goge tasa, ta dawo tana ƙara. Ƙwan kuwa na ce ya sayo sabo in ya shiga Katsina, ya tafi da tsohon a hannu don kada a ba shi wanda bai yi daidai da tsawonsa ba.