Yadda matuƙan jirgin ruwa ke karanta hanya a jikin sama

Yau zan kai ku tsakiyar teku ne, inda babu titi, babu dutse, babu bishiyar da mutum zai ce "a nan zan yi kwana". Ruwa gaba, ruwa baya. To kafin zuwan GPS, ya aka yi matuƙa suke sanin inda suke? Amsar tana cikin abin da kowannenmu yake gani kullum: rana ta fito gabas ta faɗi yamma, wata da taurari su bi sahunta.

Mu fara da gyara fahimta. Wannan tafiyar ta kullum, a ido ne kawai. Duniya ce ke juyawa daga yamma zuwa gabas, mu da muke kanta sai mu ga kamar sama ce ke gudu zuwa yamma, kamar yadda fasinja yake ganin bishiyoyi na komawa baya. Zagaye ɗaya digiri 360 ne cikin awa 24. In ka raba, digiri 15 ke nan a awa ɗaya, digiri 1 a minti 4. Ku riƙe wannan lissafin, domin shi ne jarin matuƙi.

Taurari kuma suna riga rana kaɗan. Suna cika zagayensu cikin awa 23 da minti 56 da sakan 4, shi ya sa tauraron da ya fito ƙarfe tara yau, gobe zai fito kusan minti huɗu kafin tara.

Amma akwai wanda kusan ba ya motsi, wato Polaris, tauraron arewa. Yana daf da saitin da duniya ke juyawa a kai, sauran taurari sai su riƙa kewaya shi. Tsayinsa daga inda sama ta haɗu da ruwa kusan daidai yake da nisanka daga layin ikwaita. A Kano zai tsaya wajen digiri 12, a Landan sama da 51. In ka tsallaka kudu da ikwaita sai ya ɓace maka. Matuƙan Larabawa a tekun Indiya, irin su Ahmad ibn Majid na ƙarni na 15, suna auna tsayin taurari da yatsu, an kuma san su da wani ɗan katako mai igiya da ake kira kamal. Da haka suke gane ko sun kai saitin tashar da suka nufa.

Wannan ya warware arewa da kudu. Matsalar ita ce gabas da yamma. Tunda sama ba ta daina juyawa, tauraron da ka gani a wani tsayi ba zai gaya maka komai ba sai ka san ƙarfe nawa ne daidai. Misali: rana ta kai ƙololuwarta a kan jirginka, daf da zawali, amma agogon da ke riƙe da lokacin Greenwich ya nuna ƙarfe biyu. Rana ta makara awa biyu kafin ta iso ka, sau 15, kana kimanin digiri 30 yamma da Greenwich. Da rana ta riga agogon kaiwa sha biyu, to gabas kake.

Da sauƙin faɗa, ko? Amma fa agogon zamanin da ba sa jure girgizar jirgi da sauyin zafi da sanyi. Kuskuren sakan 4 kacal a wajen ikwaita yana nufin mil ɗaya na teku, wato mita 1,852. Kuskuren minti ɗaya, mil 15. A cikin dare da hazo, wannan ya isa ya ɗora jirgi a kan dutse.

A watan Oktoba na 1707, jiragen yaƙin Birtaniya huɗu suka afka wa duwatsun tsibiran Scilly saboda matuƙan ba su san takamaiman inda suke ba. Sama da mutum 1,400 suka halaka. A 1714 majalisar ƙasar ta sa ladar da ta kai fam 20,000 ga duk wanda ya samo hanyar gane gabas da yamma a teku. Wani kafinta mai suna John Harrison ya kwashe shekaru da dama yana ƙera agogo, har ya fito da na huɗu, H4. Aka gwada shi a tafiyar Jamaica da aka fara a 1761, kuma kuskurensa bai wuce 'yan sakanni ba. Daga nan aka fito da Nautical Almanac na shekarar 1767, kundin da ke nuna inda rana da wata da taurari za su kasance, kuma har yau ana buga shi duk shekara.

A aikace, matuƙi yana jiran almuru ko ketowar alfijir, lokacin da ake ganin taurari kuma ana ganin bakin teku. Zai ɗauki sekstan, na'urar auna tsayin tauraro, ya auna guda uku, yana rubuta lokacin kowanne har sakan. Kowane awo yana ba shi layi ɗaya a taswira. Inda layukan suka haɗu, nan jirgin yake.

Wani zai ce ai an wuce wajen. To makarantar horar da hafsoshin ruwa ta Amurka da ke Annapolis ta dawo da wannan darasi a 2015, bayan ta ajiye shi shekaru. Dalili kuwa, ana iya toshe siginar GPS ko a yi mata kutse ta nuna wurin ƙarya, amma babu mai iya taɓa fitowar taurari.

Ga ɗan aiki na ba ku. Daren yau ku zaɓi tauraro mai haske a gabas, ku saita shi da kan katanga ko falwaya. Bayan awa ɗaya ku koma daidai inda kuka tsaya, ku ga inda ya kai. Ku rubuto mana abin da kuka gani. Sai mun haɗu a shiri na gaba, ku huta lafiya.