Makhaya Ntini: Makiyayin Da Ya Zama Gwanin Jifa A Wasan Kurket

Wasan kurket baƙo ne a yammacin Jihar Zamfara, domin matasan Anka da Gummi da Bukkuyum sun fi sabawa da ƙwallon ƙafa da dambe da kokawa, amma tarihin Makhaya Ntini na Afirka ta Kudu ya shafi duk ƙasar da yara ke tasowa a bayan shanu. Ana yin wasan ne tsakanin ƙungiyoyi biyu masu mutum 11 kowace, inda ɗaya ke jifa ɗaya ke bugu. Mai jifa yana auna sanduna uku da aka kafa a ƙarshen wani fili mai tsawon yadi 22, mai bugu kuwa yana kare su da faffaɗan katako, kuma idan ƙwallo ta kayar da sandunan, ko aka cafe ta a sama bayan ya buga, to ya fita.

Masu jifa iri biyu ne, wato masu murza ƙwallo da yatsu da masu jifan sauri, kuma aikin na biyun ya fi cin jiki. Mutum zai taho a guje daga nesa, ya yi tsalle, ya wulwulo hannu ta saman kai ba tare da ya lanƙwasa shi ya miƙe kamar mai jifan dutse ba, sannan ya saki ƙwallon fata mai tauri wadda nauyinta ya kai kimanin giram 160, ta daki ƙasa ta taso wa mai bugu da gudun da kan kai kilomita 140 a awa. A babban wasan ƙasa da ƙasa na kwana biyar, wanda ake kira Tes, yakan maimaita wannan fiye da sau ɗari a wuni guda, shi ya sa ciwon baya da na gwiwa ke gajarta zamanin da yawa daga cikinsu.

An haifi Ntini ranar 6 ga Yuli, 1977, a ƙauyen Mdingi na lardin Gabashin Kef, cikin al'ummar Xhosa, kuma kiwon shanu ya tashi yana yi babu takalmi. Yana ɗan shekara 15 wani jami'in farautar masu hazaƙa mai suna Raymond Booi ya gan shi yana jifa, aka sama masa takalma da gurbin karatu a makarantar Dale College. A 1998 ya zama baƙar fatar Afirka na farko da ya buga wa ƙasarsa wasan Tes, a karawarsu da Sri Lanka a Kef Tawun, shekara huɗu kacal bayan faɗuwar mulkin wariyar launin fata. A 1999 kotu ta same shi da laifin fyaɗe, amma kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin, ya koma fili.

Salonsa shi ne jifa daga can gefen layi, ta yadda ƙwallo ke karkatowa ta nufo jikin mai bugu, sai dai babban makaminsa juriya ce, irin ta wanda ya saba wuni a daji. A 2003 ya fitar da masu bugun Ingila sau 10 a wasa ɗaya a filin Lord's na Landan, abin da babu ɗan ƙasarsa da ya taɓa yi a can, sai ya durƙusa ya sumbaci ƙasar filin. A 2005 ya fitar da masu bugun ƙungiyar tsibiran Karibiyan sau 13 a wasa ɗaya a Tirinidad. Ya buga Tes 101, ya fitar da masu bugu sau 390, sannan ya yi ritaya a 2011. Abin takaici, a 2020 ya bayyana cewa a zamanin wasansa sau da yawa da ƙafa yake gudu daga masauki zuwa fili, saboda kaɗaicin da yake ji a motar abokan wasansa.

Najeriya ma ta fara ɗanɗana irin wannan suna, domin a Oktoban 2021 ɗan wasanta Peter Aho ya fitar da mutum 6 na Saliyo a Legas, maki 5 kawai aka ci a hannunsa, bajintar da a lokacin babu kamarta a gajeren wasan ƙasa da ƙasa. Yaran da ke korar tsuntsaye da majajjawa a gonakin gero da shinkafa na bakin Gulbin Zamfara suna da dantse da saiti, don haka ya kamata Hukumar Kurket ta Najeriya da hukumomin ilimi na Zamfara su kai ƙwallo da katako makarantun karkara, su duba.