BABBAN ƘUDA MAI HUDA ITACE: ABOKIN MANOMIN WAKE

Gabatarwa

Malam manomi, idan ka shiga gonarka ta wake da sassafe a watan Satumba, lokacin da fure ya buɗe, za ka ji ƙugin wani babban ƙuda baƙi yana bin furanni ɗaya bayan ɗaya. Manoma da yawa a Azare, Shira, Jama'are da sauran sassan ƙasar Katagum suna ɗaukarsa maɓarnaci, wasu kuma suna tsoron harbinsa, har su kashe shi. Wannan kuskure ne mai jawo asara. Masana suna kiran wannan ƙwaro Xylocopa, ma'ana mai yankan itace, kuma ɗan'uwan ƙudan zuma ne.

Yadda za ka gane shi

Tsawonsa yakan kai santimita 2 zuwa 3, wato ya ninka ƙudan zuma. Ta macen baƙa ce, cikinta yana ƙyalli, kuma a wasu jinsunan akwai gashi rawaya a gadon bayanta. Fukafukanta masu duhu ne, suna walƙiya idan rana ta haske su. Namijin wasu jinsunan kuwa rawaya ne gaba ɗaya. Namiji ba shi da ƙari, saboda haka ba ya harbi. Ta macen ma ba ta harbi sai an kama ta da hannu.

Ba ya zama a amya, ba ya yin zuma. Ta macen ce ke huda busasshen reshe, gora ko sandar rumfa, ta yi rami mai faɗin yatsa. A ciki take yin ɗakuna, ta tara garin fure a kowanne, ta yi ƙwai ɗaya, sannan ta toshe da garin itacen. Ba cin itacen take yi ba.

Inda ake samunsa

Ana samun wannan ƙuda a ƙasashe masu zafi, daga Afirka zuwa Asiya da Amurka, kuma jinsunansa sun kai kusan 500. Kada a haɗa shi da wani mai kama da shi da ake gani a littattafan Turai, wanda ake kira Bombus. Shi wannan gashi ne ya rufe jikinsa duka, kuma ɗan ƙasar sanyi ne. A Afirka ba a samunsa sai arewa da hamadar Sahara, kamar Maroko da Aljeriya. Mafi girman jinsinsa yana ƙasashen Chile da Ajantina, inda uwar gidan takan kai santimita 4. Bayan an shigo da wani jinsi daga Turai cikin Chile a 1997 domin barbarar amfanin gona, na gidan ya ragu ƙwarai, har aka sa shi cikin halittun da ake fargabar ƙarewarsu. Darasi a nan shi ne, mu kula da namu tun yana nan.

Amfaninsa a gona

Gaskiya ne furen wake yakan yi barbarar kansa. Amma wannan ƙuda, saboda nauyinsa, idan ya sauka a kan fure yakan danne shi ya buɗe, garin furen ya manne a jikinsa, ya kai wa wani furen. Bincike a Kamaru ya nuna cewa waken da yake ziyarta ya fi ɗaure kwanso da cika ƙwaya. Haka kuma a lambunan rani na bakin kogin Jama'are, yakan riƙe furen tumatir da na yalo ya karkaɗa shi da ƙuginsa har garin ya zubo. Ƙudan zuma ba ya iya wannan aikin.

Yana kuma tafiya da nisa. Wani bincike da aka buga a 2008 daga ƙasar Kenya ya gano yakan yi nisan kilomita 6 daga raminsa. Saboda haka mai noman iri ya nisanta gonarsa daga wani nau'in waken gwargwadon hali.

Abin da ya kamata ka yi

1. Furen wake yana buɗewa da asuba, ya rufe kafin azahar. A wannan lokacin ne ƙudan ke aiki. Ka bar feshi sai da yamma.
2. Kada ka yi feshi sai ka duba gona ka ga ɓarna. Ka bi ma'aunin da aka rubuta a jikin kwalba.
3. Irin SAMPEA 20-T, wanda Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Samaru ta fitar a 2019, yana jure tsutsar da ke huda kwanson wake, don haka feshi biyu yakan wadatar.
4. Ka bar wasu busassun rassa a gefen gona, kada a ƙone su duka.
5. Idan ya huda sandar rumfarka, ka shafa wa sauran fenti, ka jingina masa wani busasshen itace a kusa.

Don ƙarin bayani, sai ka tuntuɓi malamin gona na yankinka.